Ranar da Na Saka Lifidin Doki a Ƙofar Surukai

Ko zan manta da komai a duniya, ba zan taɓa mantawa da wata Asabar ta bazara a Gyadi-Gyadi ba. Har yau in na tuna sai in ji haushi ya taso mini, kuma abin takaicin shi ne ba ni da wanda zan ɗora wa laifi sai kaina.

Wajen ƙarshen shekarun saba'in ne. Ina koyar da lissafi a wata firamare a Tarauni, ina kuma neman auren Hajara, 'yar wani dattijo da kowa ke kira Alhaji Baba. Maganar ba ta kai ga manya ba tukuna. Alhaji ya ce yana son ya ɗan ga kamun ludayina, don haka duk abin da na yi a ƙofar gidan nan a kan sikeli yake, kuma na san da haka sarai.

Yayan Hajara, Bala, ya dawo daga karatu a ƙasar waje da wani wasa na takarda da ƙwayoyin lido biyu. Ya zauna ya mai da shi irin namu. Kowa a ba shi jarumi a rubuce a takarda, shi Bala ya zama alƙali, yana ba da labarin yaƙi, mu kuma muna faɗin abin da jarumanmu za su yi. In abokin gaba ya kawo maka sara, sai a jefa ƙwaya. In abin da ya fito ya wuce lambar kariyarka, ya same ka. (Da farko Alhaji ya zaci caca ce, sai da ya zauna ya ga ba a ajiye ko sisi ba, daga nan ya riƙa shimfiɗa buzunsa a gefen zaure yana kallonmu yana jan carbi.)

To, ni malamin lissafi ne. Na duba takardar kayan yaƙi na ga sulke biyar, lifidi huɗu, garkuwa biyu, kwalkwali ɗaya. Na haɗa, sha biyu cif. Ƙwaya biyu kuwa ko aljani ne ya jefa ba za su wuce sha biyu ba. Na jibga wa jarumina duka, na raɗa masa suna Gagarau, na harɗe ƙafa ina jiran yabo.

Bala ya dubi takardata ya ce, "Malam, takwas ce kariyarka."

"Takwas kamar yaya? Yaya Bala, biyar da huɗu nawa ne?"

"Sulke da lifidi duk rigar jiki ce, ba a tara su, babban ake ɗauka. Biyar, da garkuwa, da kwalkwali, takwas. In ka nace sai ka saka duka biyun, nauyi zai hana ka gudu. Garkuwa kuma gaba kawai take tsarewa, in an zo maka ta baya, shida gare ka."

Wallahi raina ya ɓaci. Ni da nake koya wa yara sittin tarawa kullum, a ce mini biyar da huɗu biyar ne? Mako uku muna wannan musu. Na zo da alli na rubuta a bangon zaure. Na kawo misalin wanda ke sanye da riga da babbar riga a lokacin sanyi. Bala ko a jikinsa, sai dai ya ce doka ce. Sauran 'yan wasan suka fara tsaki da zarar na buɗe baki, ni kuwa gani nake hassada ce.

Ran Asabar ɗin nan bayan la'asar, Gagarau yana ƙoƙarin tsallake wani rami a cikin labarin, wani maharbi ya sako masa kibiya ta baya. Aka jefa ƙwaya, bakwai ta fito. Bala ya ce, "Allah ya jiƙan Gagarau." Na miƙe tsaye, na manta shaf da cewa uban yarinyar da nake nema yana zaune, na ɗaga murya na ce wannan doka ta wanda bai taɓa ganin kayan yaƙi ba ce, mazan jiya duka suke sakawa su yi ta gudu abinsu.

Sai Alhaji ya yi gyaran murya. Ya ce, "Malam, marigayi mahaifina ɗinkin lifidi ne sana'arsa. Akwai saura a adaka, har da wani tsohon sulke. Ko za ka gwada mana? Daga nan zuwa gindin dalbejiyar can ka dawo, sai a raba gardama."

Mai hankali a nan zai sunkuyar da kai ya ce, "A'a Baba, wasa ne." (Ina roƙon mai karatu ya lura, ƙofar fita a buɗe take, ni na rufe ta da hannuna.) Na ce, "A kawo."

Aka jawo adaka. Na zura sulke, na ji kamar an ɗora mini buhun gero a kafaɗa, amma na daure. Lifidi biyu ne a ciki, wani ɗan madaidaici, wani kuma ƙato mai ja da rawaya, an cusa masa auduga har ya yi tauri. Lissafi ya ce mini babba ya fi kariya, na kai hannu kan ƙaton.

Alhaji ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, ai wannan..."

Na ce, "Na sani, Baba."

Ya dube ni, ya dubi Bala, ya mai da hannunsa kan carbi ya ce, "To, madalla."

Na nemi wuyan rigar na rasa, sai wata ɓaraka mai faɗi a tsakiya, na tura kaina ta nan. Gaba ya zubo har ƙasa, baya yana jan ƙasa kamar tabarma. Na ce a raina lallai mutanen da dogaye ne. Ba garkuwa, aka miƙo mini murfin durom. Ba kwalkwali, wani ɗan neman magana ya kifa mini kwanon sha a ka. Na fito ƙofar gida, a cikin zafin da ko kaza ba ta yawo.

Taku goma na farko na yi su da izza. A na sha biyar gumi ya cika mini ido, ƙurar tsohuwar auduga ta shige mini hanci, sulke yana cizon haƙarƙarina. Na riƙe murfin durom gam a gabana, ina jin masu wucewa a kan keke suna taka birki. Ban san cewa ragon Alhaji da ke ɗaure a bakin katanga ya tsinke igiya ba. Shi dai ya hangi wani jan abu yana rarrafe a unguwarsu, bai kuma yi shawara da kowa ba.

Ta baya ya zo. Ban ji zafi ba, gaskiyar magana, lifidi ya yi aikinsa. Sai dai na tsinci kaina a rigingine cikin kwata, ƙafafu a sama, kwano ya gangara titi yana ƙara. Na yunƙura in tashi, auduga ta sha ruwa, sulke ya danne ni. Na sake yunƙurawa, ko gezau.

Daidai nan wata tasi ta tsaya. Goggon Hajara ce daga Hotoro, wadda aka kira musamman don ta zo ta ga malamin da ake ta ba ta labarin natsuwarsa. Hajara ta leƙo daga soro za ta tarbe ta, muka haɗa ido, ta ja mayafi ta rufe fuska, kafaɗunta suna rawa.

Goggo ta leƙa kwata ta ce, "Innalillahi! Yaya, wane ne wannan?"

Alhaji ya taho a hankali, ya ce, "Shi ne malamin. Lifidin doki ya saka, inda ya tura kansa wurin sirdi ne. Na so in gaya masa, ya ce ya sani."

Na roƙi ƙasa ta tsage, ta ƙi. Sai ga Bala a tsaye a kaina, hannu a baya kamar mai duba makarantu. Ya ce, "Malam, nawa ce kariyarka?"

Na ce, "Takwas."

"Ta baya fa ya zo."

Na rufe ido na ce, "Shida, Yaya Bala. Don Allah ku cire ni."

Mutum huɗu suka ciro ni. Na koma Tarauni a ƙafa ta lungu, ina warin kwata, na tabbata Hajara ta fi ƙarfina har abada. Mako uku ko hanyar Gyadi-Gyadi ban kalla ba. Ina cin abinci ba na jin daɗinsa, ina tsaye gaban allo in rubuta biyar da huɗu sai in ji kamar in jefar da allin.

Ranar wata Juma'a Bala ya same ni a makaranta ya ce, "Baba ya ce ka turo manyanka." Na zaci tsokana ce, har na fara hura hanci. Ya ce, "Cewa ya yi taurin kanka ya ba shi tsoro, amma mutumin da zai amsa kuskurensa sau biyu yana kwance cikin kwata, a gaban surukai, za a iya zama da shi."

An yi auren, ga jikoki har sun fara yi mini dariya. Amma kada ka zaci na tsira. Har gobe in muna magana da Hajara na kuskura na ce "na sani", ba ta musu da ni, sai ta ci gaba da abin da take yi ta ce, "To madalla, Malam. Allah ya sa ba na doki ba ne."

Shi ya sa yanzu in babba ya ɗaga hannu ya ce mini "ai wannan...", nakan kama bakina da hannu biyu har sai ya kai aya.