Rasuwar Gonar Waya da Shanunta Tamanin da Huɗu

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, wadda kuma ba ta shirya ba kowa haƙuri ba, ni Dunoma dillalin shanu, mazaunin Gashuwa, mai riƙe igiya a tiken Nguru, nake sanar da 'yan'uwa da abokan arziki, har da waɗanda suka yi mini dariya, rasuwar gonata ta cikin waya, wadda 'yan tike suka laƙaba wa suna Gonar Waya. Ta rasu ranar Alhamis da hantsi a shagon Munzali mai gyaran waya, bayan jinyar kwana tara. Ta yi shekara huɗu da wata biyu a duniya. Ta tafi da shanu tamanin da huɗu, da rumbu uku cike da gero, da wata rijiya da ban taɓa ganin ƙasanta ba.

Ga wanda bai san marigayiyar ba, wasa ce irin ta shafin sada zumunta, inda ake ba mutum fili da maraƙi ɗaya, ya yi ta shuka da kiwo da babban yatsa. Na faɗa da bakina, wasa ce, kada wani ya ɗauka ya kama ni da wani abu. Ta zo mini ne a cikin mota tsakanin Gashuwa da Nguru, motar ta faɗa rami, yatsana ya taɓa abin da ban yi niyya ba, sai ga maraƙi ja yana kallona. Kafin mu isa Jajimaji na ba shi ciyawa sau biyu.

Masu cewa me dattijo mai furfura a gemu yake yi da wasan yara, ga amsarku, ku karɓa da hannu biyu. Shekara ashirin da biyu ina riƙe igiyar shanun mutane a tike, wato kasuwar shanu. Na san shekarun sa daga haƙorinsa, na san saniya mai ciki tun daga nesa, na sayar da garken da idan aka jera shi zai kai Katuzu. A duk tsawon wannan lokaci ban taɓa mallakar ko maraƙi ba. Da safe a miƙo mini igiya, da yamma in miƙa wa wani, in koma gida da warin shanu a riga. Marigayiya ce kaɗai ta taɓa ce mini wannan naka ne. Saboda haka na so ta, kuma ban ji kunya ba, har gobe ba zan ji ba.

Ta kasance mai haƙuri da kawaici. Ruwa bai taɓa cinye ta ba, ko a shekarar da kogi ya shiga gidajen mutane. Ciyawar kacala ba ta toshe mata hanyar ruwa ba, tsuntsayen jan-baki ba su taɓa sauka a geronta ba. Shanunta ba su taɓa shiga gonar kowa ba, balle a kai ni gaban Bulama. Da safe takan tashe ni da “muu” guda ɗaya mai ladabi, ba irin kukan shanun tike mai tsaga kunne ba. In gero ya nuna ta ce “ƙilin-ƙilin”. In na yi kwana biyu ban leƙa ba, ba gori ba fushi, shanun suna nan tsaye inda na bar su suna kaɗa wutsiya.

Aibinta ɗaya ne, kuma tunda sanarwar mutuwa ba wajen ƙarya ba ce zan faɗa. Marigayiya ba ta da sirri. Ashe duk abin da na yi a cikinta sai ta fita ta shelanta a shafina, da sunana da hotona. Dunoma ya girbe gero. Dunoma ya ƙara shanu goma. Dunoma ya faɗaɗa gona. Ni kuwa ban sani ba, don ban taɓa buɗe shafin nan don in kalli kaina ba, ta ƙofar gona kawai nake shiga in fita. Shekara huɗu tana wannan surutu ba wanda ya kula, sai da ajali ya zo.

Ga yadda ciwon ya fara. Akwai Babayo, Bafulatani makiyayi daga wajen Karasuwa, wanda nake yi wa dillancin shanu tun mahaifinsa na da rai. A ƙarshen damina jar karsanarsa mai farin goshi ta ɓata. Ya yi abin da kowane makiyayi yake yi, ya bi dillalai ɗaya bayan ɗaya yana ba da cigiya, don al'adarmu ita ce in dabbar da aka yi cigiya ta shigo tike, dillalin da ya gan ta ya riƙe ta ya aika wa mai ita. Ni ya fara gaya wa. Na ce masa in dai ta taka tiken Nguru, to ta dawo gida.

Bayan mako biyu, marigayiya ta yi mini kyautar da takan yi lokaci-lokaci, wata ɓatacciyar saniya ta shigo gona, na taɓa ta da yatsa ta zama tawa. Ja ce, da fari a goshi. Na sa mata suna Goshi, na ji daɗi, na mayar da waya aljihu. Ita kuwa marigayiya ta fita ta rubuta wa duniya cewa Dunoma ya tsinci ɓatacciyar saniya a gonarsa, ya haɗa ta da garkensa, a taya shi murna. Wani surukin Babayo mai waya ya gani, ya karanta masa har sau uku.

Washegari da sassafe Babayo ya yi sallama a ƙofar gidana a Gashuwa, da sanda da igiya, da ƙurar babur har gira. Ya ce ya zo karɓar karsanarsa. Na yi dariya, na ciro waya, na nuna masa Goshi tana murmushi da fure a kunne. A nan na yi kuskuren da ya kashe marigayiya. Ni Babarbare ne, shi Bafulatani, kowa ya san wasan da ke tsakaninmu, shekara da shekaru ina kiransa bawana yana kirana bawansa. Sai ya ɗauka tsiyar da muka saba ce nake yi masa, a ranar da zuciyarsa ke ƙuna, yana ganin dabbarsa tana hannuna. Ya leƙa bayan gida, ya leƙa turken awakin Kellu matata, ya hau babur ya nufi Nguru.

Kafin la'asar maganar ta isa kunnen Alhaji Ajimi, shugaban dillalai, ya aiko cewa in ajiye igiya sai an bincika. Wanda ba ɗan tike ba ba zai gane nauyin wannan ba. Dillali ba shi da shago, ba shi da kaya, abin da yake sayarwa shi ne kalmarsa cewa wannan dabba ba ta sata ba ce. In aka ce ya ɓoye dabbar cigiya, ya gama, ko akuya ba mai ba shi ya riƙe.

Daga nan masu binciken sa-kai suka duƙufa. Suka bi shafina tun daga sama har ƙasa, suka tono surutun shekara huɗu. Wani ya ce dama ya daɗe yana zargin ina da garke a ɓoye a dajin Dagona. Wani ya rantse ya taɓa ganin shanun da idonsa. Da aka ce musu ai hoton zane ne, saniya ba ta murmushi, sai suka ce yanzu waya tana yi wa amare kwalliya, balle saniya, kuma ruwa ba ya tsami banza. Mutanen da muka ci tuwo a kwano ɗaya suka koma gaishe ni da baki ɗaya. Kasuwa ta ci ina zaune a gindin bishiya hannu rabbana, shanun da na saba karɓa suna wuce ni zuwa hannun wasu. Ranar na ji zafin da ban ji ba tun rasuwar mahaifina.

A rana ta takwas aka zauna. Na ce gani ya kori ji, na buɗe marigayiya a gaban dillalai sama da talatin. Na tatsi Goshi da yatsa, ta ce “muu”. Na girbe gero, aka ji “ƙilin-ƙilin”. Tike ya ɗauki dariya, har wanda ya rantse ya ga garkena a Dagona ya fi kowa riƙe ciki. Babayo kaɗai bai yi dariya ba, don shi karsanarsa ta gaske ce kuma har yanzu ba ta dawo ba. Alhaji Ajimi ya goge hawayen dariya, ya ce an wanke ni daga sata, amma dillalin da shafinsa yake ƙarya da sunansa ba zai tsaya wa dabbar kowa ba. Ya ce in zaɓa, ko igiya ko gona, kuma in gona ce za ta tafi, ta tafi da duk abin da ta taɓa faɗa.

Ina da mata da baki bakwai a gida. Na zaɓi igiya. Amma a rubuta, a kuma karanta wa wanda bai iya karatu ba, ban zaɓa don na yarda marigayiya ta yi laifi ba. Ita abin da ta gani ta faɗa. Masu ƙaryar suna nan da ransu, suna shan shayi a bakin tike.

Ranar Alhamis na kai ta wurin Munzali, da shaidu biyu da Alhaji Ajimi ya turo. Munzali ya shiga saitin shafin, ya gangara inda aka jera wasanni, sai ga su sun fi ashirin, na kati, na tseren mota, na harbin kwalabe, duk sun maƙale a shafina ban san ranar da suka shigo ba. Waɗannan na ce ya share su kamar yadda ake share kaska daga kunnen sa, ba na makokinsu. Da ya zo kan marigayiya ya ɗaga yatsa, na riƙe hannunsa. Dabbar mutum shi ya kamata ya sa mata wuƙa. Ya nuna mini inda zan taɓa a cire ta, da ɗan akwatin da in aka taɓa shi duk rubuce-rubucenta da hotunanta za su bi ta. Waya ta tambaye ni ko na tabbata. Wallahi ita kaɗai ce ta yi mini wannan tambaya a cikin kwana tara. Na taɓa, fuskar waya ta yi fari, ko “muu” ba ta ce ba.

Sai da aka gama, shaidu suka tafi, Munzali ya ce ai da na zo da wuri akwai wani wuri da ake taɓawa, ta ci gaba da rayuwa amma ta daina shela, ba mai gani sai ni. Ashe ciwon yana da magani. Na kalle shi har sai da ya sunkuyar da kai ya kama goge wata waya da ba ta da datti.

Marigayiya ta bar ni, mai ita. Ta bar babban yatsana na dama, wanda har yau yake zabura da safe ya rasa inda zai taɓa. Ta bar caja guda mai ɗaure da leda. Ta bar Kellu, wadda ta ce Allah ya ƙara nauyin ƙasa, amma ta dafa mini abin da nake so kwana biyu a jere, na kuma gane.

Mutum ɗaya ne ya zo ta'aziyya kawo yanzu. Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci Babayo ya yi sallama, ya zauna a tabarma ya jingine sanda. Bai ba ni haƙuri ba, ni ma ban nema ba. Can ya ce, “Babarbare, taka ɗin, yaya sunanta?” Na ce Goshi. Ya gyaɗa kai kamar yadda makiyayi yake yi in an ambaci dabbar da ta tafi, ya ce Allah ya mayar mana da alheri mu duka. Sannan ya ce amma bawan da ya kashe shanu tamanin da huɗu da yatsa ɗaya, gara da Allah bai ba shi na gaske ba. Na ce ya tashi ya bar mini gida. Ya sha ruwa ya ci abinci tukuna.

Game da jana'iza, na tambayi malamin unguwarmu, ya ce ba wanka, ba likkafani, ba salla, in kuma daina ɓata masa lokaci. Na bi. Ba za a yi sadakar uku ko ta bakwai ba. Wanda ke son yi wa marigayiya alheri ya buɗe ido a kasuwannin Karasuwa da Gashuwa da duk inda ƙafarsa ta kai, jar karsana mai farin goshi tana nan a ɓace, cigiyarta ba ta mutu ba.

Zaman makoki rana ɗaya ne, ranar kasuwa mai zuwa, a tiken Nguru, daga hantsi zuwa la'asar, a tsaye. Ba tabarma, ba shayi, ba goro. Mata da masu nisa an yafe musu. Waɗanda ba a yafe wa ba sun san kansu. Wanda ya ce ɓarawo da ƙarfi ya zo ya ce Allah ya ba da haƙuri da irin wannan ƙarfin, a gaban mutanen da suka ji ta farko. Kada kowa ya ce ya zo bai same ni ba. Ina tsakiyar tike, wajen da na saba, kuma ba wuyar ganewa, ni ne mai riƙe da igiyar bajimin Babayo.