Ranar da Gwaggo ta wanke ni da yawu

Ba zan taɓa mantawa ba da zuwana biki Damagaram Takaya, garin mahaifina. Ina shekara huɗu ya rasu, Inna ta dawo da ni Zinder, ban sake taka garin ba sai da na shekara ashirin da biyar. Burina ɗaya ne, dangin ubana su karɓe ni. Amma ni da wayona, so nake su karɓi sakatariyar biro, ma'aikaciyar ofis 'yar birni.

Ina da tawadar Allah a kuncin hagu, baƙa ƙirin, faɗinta ya kai dabino. Tun ina lakwal, 'yan makarantarmu ke ce mini "mai tabon tukunya". Don haka da asuba na zauna gaban madubi na yi mata yaɓe da hoda hawa uku (magina ma albarka), har ta ɓace.

Da na isa gidan bikin, na wuce kai tsaye ɗakin manya, na zauna kusa da Gwaggo Hajara, yayar mahaifina. Na gaishe ta da muryar rediyo, na ce ni ce ɗiyar marigayi Mamman.

Ta dube ni sama da ƙasa. "Wane Mamman?"

"Ƙaninki, Gwaggo."

"Ƙarya kike. Ɗiyar Mamman ni na yi mata wanka da hannuna ranar da aka haife ta. Tana da tawada a kunci, irin tasa, irin ta uwarmu. Ke kuwa fuskarki kamar bangon da aka shafa wa siminti. Kai, ku ba 'yar gayyar soɗin nan tuwo ta ci a waje!"

Mata suka fashe da dariya. Wata har ta janye kwanon nama daga gabana (wannan ya fi komai yi mini ciwo). Na fara laluben katin shaida a jaka. Gwaggo ta ce takarda ba danginta ba ce.

Da na ga da gaske korata za a yi, na sunkuyar da kai na ce, "Tana nan, Gwaggo. A ƙarƙashi."

Ba ta nemi ruwa ba. Ta tofa yawu a bakin zaninta, ta kama haɓata, ta shiga dirza a gaban kowa. Yawun goro ne. Hoda ta sauka hawa-hawa, ina jin wata tana cewa, "Ashe da mutum a ciki!"

Sai hannunta ya tsaya. Ta daɗe tana kallon wurin, ta shafa shi da yatsa.

"Mamman," ta ce. "Ga Mamman ya dawo gida."

Ta rungume ni tana kuka, ni ma na yi, ragowar kwalliyar ta tafi.

Tun ranar na daina yaɓe. Mahaifina bai bar mini gona ba, bai bar mini ko hoto ba. Abu guda ya bar mini, shi kuma na shekara goma ina sayen hoda don in binne shi.