Ɓarawon Ƙwan Zabin Damri

Allah Ya ba Talata Mafara malamai, Ya ba ta 'yan kasuwa, amma sai bana Ya cika mata ni'ima da Mujahid ɗan Alhaji Labbo, masanin tarihin miyagun laifuka, mai haɗa fim ɗin abin da ya faru da gaske. Mu tsofaffi Furofesa Ido-Uku muke ce masa: biyu a fuska, ɗaya, wato kyamara, rataye a wuya. Rigarsa aljihu goma sha biyu, ko goro babu a ciki.

Husna yake nema da aure, babanta kuwa ya ce ɗaukar hoto ba sana'a ba ce. Furofesa ya rantse sai ya yi fim ɗin da zai sa tsohon ya kawo ta da kansa.

Aka nuna masa hanyar dajin Maradun, inda masu laifi suke da ransu da lafiyarsu. Ya gyara tabarau, ya ce laifi ba ya zama tarihi sai ya shekara arba'in. Madalla da ilimi. Ya juya babur ya nufi Bakura.

A Damri ta ƙasar Bakura ya samo abin da ya dace da girmansa: labarin wani tsohon ɓarawo da, shekara arba'in baya, ya yi damina bakwai a jere yana kwashe ƙwan zabi, ba a taɓa kai shi gaban alƙali ba. Furofesa ya zana taswira, ya auna tazarar gida da gida, ya yi minti ashirin yana ɗaukar wata zabuwa tana hararar sa. Duk dattijon da ya tambaya sai ya murmusa, ya ce a tambayi Inna Taiba, wato kakar shi Furofesan ta wajen uba.

Inna ta zauna gaban kyamara tana ɓarar gyaɗa. Ta ce ta san ɓarawon sarai, har ta sha zane shi da tsumagiya, amma sunan nan ba ya fita bakinta. Ya roƙa, ta ja mayafi ta rufe fuska. Nan Furofesa ya gano bakin zaren: tsoro! Shekara arba'in mugun yana riƙe da harshen gari.

Ranar nuna fim zaure ya cika, baban Husna na gefe, Alhaji Labbo uban taro na kujerar gaba. Furofesa ya karɓi lasifika.

"Jama'a, bincikena ya tabbatar irin wannan hali a jini yake, uba ya ba ɗa, ɗa ya ba jika. Kowa ya binciki asali kafin ya ba da 'yarsa."

Aka yi tafi. Sai Malam Dikko, wani dattijon Damri, ya dogara sanda ya miƙe, ya gai da kowa har da na waje, sannan ya ce:

"Ɗana, duk karatun ga naka, ba a koya maka ba mace ba ta hwaɗin sunan ɗanta na hwari?"

Idanu suka koma kan ɗan farin Inna, Alhaji Labbo, wanda ya duƙufa nazarin takalminsa.

Baban Husna ya tashi, ya kaɗe riga, ya ce shi kam ya gode da shawarar Furofesa, kuma zai yi aiki da ita.