Tsingaron da na Aika Birni

Ba zan taɓa mantawa da tafiyar nan ta kwana uku ba, ko da yake Allah ya sani na yi iya ƙoƙarina in manta. Yau furfura ta cinye mini gemu, amma ko tukunya na ji ta fashe a tsakar gida sai gabana ya faɗi.

A shekarun fari na biyu abin ya faru. Ina koyarwa a wata makarantar firamare ta ƙauye, arewa da Ɗambatta. Ni ɗan birni ne, cikin ganuwa aka haife ni, kuma tun ranar da aka turo ni ƙauyen nake ganin kuskure aka yi a ofis. Damina biyu a jere gero ya yi kara bai fid da kai ba. Ajina da a da ake zama har kan taga ya koma rabi, domin iyaye sun kwashi 'ya'yansu sun yi kudu neman abin sawa a baki. Matata tana goyo, nono ya ja baya, kullum tambayarta ɗaya: yaushe za mu koma birni? Ni ma tambayar da nake yi wa kaina ke nan, sai dai ni da Turanci nake yin tawa don ta fi nauyi.

Wata ranar kasuwa mai ƙosai ta ƙunshe mini ƙosai a shafin wata tsohuwar mujalla. Da na cinye, na shimfiɗe takardar, duk mai ya ɓata ta, na karanta. Labarin mutanen Inka ne na ƙasar Peru, waɗanda suka gina garuruwa da dutse a ƙololuwar tsaunuka, suka sassaƙe gefen dutse hawa-hawa suna noma a kai. An ce yanzu baƙi na zuwa daga ko'ina a duniya, a yi musu jagora kwana da kwanaki a ƙafa, daga wannan kango zuwa wancan. Akwai hoto. Jagora yana gaba da sanda da malafa yana nuna wani abu da yatsa, can baya kuma 'yan dako sun sunkuya da kaya, ko fuskokinsu ba a gani. Nan take na san wanda nake so in zama a cikin hoton.

Ranar Asabar na hau keke na nufi duwatsun da ke yamma da mu. A bayan wani tsauni na tarar da kufai: duwatsu a jere a zagaye, guntun katanga, wata busasshiyar rijiya, sai wasu 'yan tudun ƙasa dogaye-dogaye a layi. A gefen ɗaya daga cikinsu zaizayar ƙasa ta tono tsingaro, wato guntun fasasshiyar tukunya, mai wani zane kamar saƙa. Na zaro shi. Ban tambayi kowa komai ba. (Me ɗan ƙauye ya sani game da tarihi? Haka na ce a raina, kuma gara in faɗa muku da bakina.) Na rubuta wasiƙa shafi huɗu zuwa wani ofishi mai kula da kayan tarihi a birni, na ce na gano garin mutanen da. Na naɗe tsingaron cikin auduga na haɗa na aika.

Amsa ta zo. Wani babba a ofishin, Alhaji Lawan, zai zo da malaman jami'a biyu su gani da idonsu. Ya ƙara da cewa suna neman wanda zai riƙa yi wa baƙi jagora, kuma idan abin ya kai yadda na faɗa, to aikin nawa ne. Matata ta fara ɗaure kwanuka tun ranar.

Wurin nan, in da gaskiya za a bi, tafiyar yini ɗaya ce. Amma mujalla ta ce kwanaki ake yi, don haka na ja hanya na lanƙwasa ta har ta kai kwana uku. Mai unguwa ya haɗa ni da wani dattijo mai jakai biyu, Baba Audu, wanda ke zaune a gefen ƙauyenmu. Dogo ne, ramamme, ba ya son magana. Da ya ji inda za mu, ya ce ya yarda tun kafin a yi zancen lada. Na ɗauka yunwa ce ta sa shi sauri.

Ranar farko na fito da malafa da sanda da taswira. Muka ratsa gonaki, wannan na manne da wannan, duk an yi huɗa an yi shuka, babu abin da ya tashi sai karan da bai wuce gwiwa ba. A wata mararraba Baba Audu ya tsai da jakai ya ce, "Malam, ta dama ta fi sauƙi. Ta hagun nan kwari ya cinye ta."

Na ce, "Baba, taswira ce a hannuna. Kai dai ka kula da jakai."

Ya ce, "To, Malam."

Kwari ya cinye ta. Sai bayan la'asar muka dawo mararrabar muka bi ta dama, ni kuwa na bayyana wa baƙi cewa da gangan na zaga da su don su ga yadda ruwa ke cin ƙasa. A ƙauyen da muka sauka, mai gari ya aiko mana da fura wadda kana hango gindin ƙwarya ta cikinta. Ya yi ta ba da haƙuri, yana cewa abin da ya samu ke nan. Alhaji Lawan ya kurɓa kaɗan ya miƙa wa Baba Audu. Ni kuwa na shanye tawa ina bayani a kan yadda Inka ke ajiye abinci a rumbunan dutse saboda shekarun yunwa.

Rana ta biyu na nuna musu guntun wata tsohuwar ganuwa da tarin kashin maƙera. Waɗannan kam tsofaffi ne na gaske, malaman jami'a suka yi ta rubutu, kaina ya ƙara kumbura. Bayan sallar azahar Baba Audu ya matso kusa da ni ya rage murya.

"Malam, wurin nan da za mu gobe, akwai maganar da nake so..."

Na katse shi. "Kada ka damu, Baba, ba aljanu a wurin. Na je ni kaɗai na dawo lafiya."

Ya dube ni, ya koma wajen jakansa.

Da hantsin rana ta uku muka hau tsaunin muka gangara kufan. Na fara da duwatsun da ke zagaye, na ce gindin rumbunan mutanen da ne. Na ce rijiyar ta fi shekara ɗari biyar. (Inda na samo ɗari biyar ɗin, har yau ban sani ba.) Na ce yaƙi ne ya tashe su, kuma babu mai rai da ya san sunansu. Daga nan na ja su zuwa wajen 'yan tudun nan masu layi. A bakin wurin na ga Baba Audu ya ɗaure jakai, ya tuɓe takalmansa ya riƙe a hannu. Na ɗauka ƙafa ce ke masa ciwo.

Na hau kan tudun da ya fi tsawo, da takalmina, don kowa ya ji ni. Na ce, "Ranka ya daɗe, waɗannan kunyoyi ne na noman dutse, irin na Inka sak. Ku dubi yadda duk suka miƙe daga kudu zuwa arewa, ko ɗaya bai kauce ba. Wannan ilmi ne." Na sunkuya na zaro wani tsingaron daga inda na ciro na farko, na ɗaga shi sama. "Ku dubi zanen nan. Ba mamaki rubutunsu ne, wanda har yanzu ba a gano ma'anarsa ba."

Na lura Alhaji Lawan ba ni yake kallo ba. Tudun yake kallo, yana bin su da ido ɗaya bayan ɗaya, sai na ga ya ja da baya. A lokacin Baba Audu ya yi magana, a hankali, kamar mai roƙon arziki.

"Malam, don Allah ka sauko. A kan uwar 'ya'yana kake tsaye."

Ban san yadda na sauko ba. Na dai tsinci kaina a ƙasa, tsingaro a hannu, malafa ta faɗi.

Ya ce, "Nan ne garinmu. Wancan gindin rumbun ni na jera duwatsunsa. Rijiyar nan da mahaifina aka haƙa ta. Ba yaƙi ba ne, Malam, farin farko ne. Da rijiya ta ƙafe muka cire azara muka ba dabbobi jinka, muka tashi. Ruwan da ya zo daga baya ya narkar da ginin." Ya miƙo hannu biyu, na sa masa tsingaron. Ya shafa zanen da babban yatsa. "Wannan kuma ba rubutu ba ne. Da totuwar masara uwar 'ya'yana take yin sa. Maginiya ce. Duk waɗanda ke kwance nan, da tukwanenta aka rufe su. Da aka zo kanta babu sauran ko ɗaya, sai randarmu ta ɗaki. Ni na raba ta biyu da hannuna."

Jama'a, ni Musulmi ne ɗan Musulmi. Na raka gawa ba sau ɗaya ba, ba sau goma ba. Da hannuna na miƙa tukwane aka jera a kan mahaifina kafin a tura ƙasa. Yaron da ke aji ɗaya ya san abin da ke miƙewa daga kudu zuwa arewa a layi a bayan gari. Amma na cika kaina da duwatsun wata ƙasa har na kasa gane makabarta a tamu. Na ji kunya irin wadda ban taɓa ji ba, na kuma ji tsoron Allah. Na buɗe baki in ba da haƙuri, abin da ya fito shi ne, "Baba, ai da ka faɗa mini."

Ya ce, "Na so in faɗa, Malam."

Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi.

Alhaji Lawan ya tuɓe takalmi da babbar riga, ya ce a sauke jarkar ruwa. Ruwan da ya rage mana na komawa ke nan. Muka kwaɓa ƙasa. Baba Audu ya durƙusa ya mai da tsingaron gurbinsa, sai ga wani gurbin a gefe, fili, ƙasa na zurarawa ciki. Ya laluba ko'ina bai ga abin da ya fita daga nan ba. Ni na san inda yake. Alhaji ma ya sani, domin a kan teburinsa yake cikin auduga. Muka haɗa ido, na sunkuyar da kai. Aka toshe gurbin da dutse, aka shafe da laka, aka tura ƙasa. Alhaji ya ce, "Baba, kai za ka yi mana addu'a." Ya yi wa matarsa, sannan ya bi sauran kaburburan yana kiran sunayen masu su ɗaya bayan ɗaya, mutanen da na ce babu mai rai da ya san sunansu.

A hanyar komawa shi ya shige gaba. Ya bi da mu ta wata 'yar hanya da ba ta cikin taswirata, kafin magariba muna gida. Malaman jami'a suna gefensa suna tambaya suna rubutawa. Ni aka bar wa jakai.

Bayan mako uku ɗan aike ya kawo mini ambulan daga birni. Matata ta tsaya a kaina, goyo a baya, kwanuka a ɗaure. Na buɗe. Auduga ce, da tsingaro a ciki, da 'yar takarda mai layi biyu: "Malam, a mayar wa mai shi. Maganar aiki kuma, sai ka ƙara zama cikin mutane tukuna." Matata ta juya. Ta shiga ɗaki, na ji tana kwance kwanukan ɗaya bayan ɗaya.

Washegari na je gidan Baba Audu na yi sallama, na durƙusa na faɗa masa gaskiya, cewa ni na ɗauka tun zuwan farko na aika birni. Ya karɓa, ya juya shi a tafin hannu, ya ce, "Ashe har birni ta je. Ita da ko Ɗambatta sau biyu ta taɓa zuwa." Ya ɗan yi murmushi, ni kuwa hawaye ya zubo mini. Ranar Asabar muka koma tare muka mayar, yana gaba ina biye da tulun ruwa a kafaɗa.

Na ƙara shekara tara a ƙauyen nan. Takardar mujallar tana nan cikin akwatina, mai ya mai da ita kamar fata. Wani lokaci nakan ɗauko ta, amma yanzu ba jagoran nake kallo ba. 'Yan dakon nan na baya nake kallo, waɗanda ba a ganin fuskokinsu, ina tunanin ko kakan wane ne ya jera duwatsun da ake nuna musu da yatsa.

Abin da na koya bai kai shafi huɗu ba. In ka ga kufai, kafin ka hau tudu ka fara bayani, waiwaya ka duba ko akwai wanda ya tuɓe takalmi.