Fim ɗin Sallamar Furodusa

A birnin Tokyo an yi wani furodusan fina-finan katun, wanda ya faro daga riƙe wa daraktoci jaka har wuƙa da nama suka dawo hannunsa a kamfani. Shi katun kowane motsi sai an zana shi, ko ɗaga gira ne. To gogan naka dabara ɗaya ya riƙe har ya yi furfura: a rage zane don a rage kashe kuɗi. In jarumi zai yi gudu, sai ya ce a tsayar da shi cak, bakinsa kawai ya motsa, ya faɗa wa 'yan kallo ya yi gudun. In yaƙi za a gwabza, a zaunar da sarki ya ba da labarin yadda aka gwabza. Masu zane suna ji suna gani, ba yadda suka iya da shi.

Abu ɗaya ke ci masa tuwo a ƙwarya. Jikokinsa sun sha tambayarsa, shi me yake yi a harkar fim, tunda ba ya zane, ba ya yin muryar jarumai? Bai taɓa samun amsa ba, kuma abin na ƙona masa rai. Don haka da zai yi ritaya ya sa Onodera, tsohuwar daraktar da ta fi kowa shan wuyarsa, ta shirya ɗan katun na tarihin aikinsa.

Ranar walimar sallamarsa ya jera jikokin a sahun gaba, aka kashe fitila. Ga shi nan a fim, saurayi a kujera, baki na motsi. Ga shi magidanci, kujerar ta ƙara girma, baki na motsi. Ga shi da sanƙo, ko yatsa bai ɗaga ba, har aka rubuta ƙarshe. Jikokin suka waigo suna kallonsa.

Ya ja Onodera gefe. "Haba, baiwar Allah. A gaban jikokina? Ni ma sai da kuka rage mini zane?"

Ta rusuna har ƙasa, irin gaisuwarsu, ta ce, "Yallaɓai, ai tunda muke tare, wannan ne fim na farko da ba mu rage komai ba."