Neman Auren Mawaƙiyar Japan

Wani ne a nan Greensboro, direban tasi, ya haura arba'in ba aure. Kullum uwarsa na kira daga Maraɗi, magana ɗaya ce: yaushe?

Ran nan ya ɗauki fasinja a Gate City Boulevard, ta kunna wata waƙar katun ta Japan. Murya siririya, zaƙi kamar zuma. Ko kalma ɗaya bai ji ba, amma sai ga gogan naku yana sharar hawaye a kan sitiyari. Ya nemi ganin hoton mawaƙiyar, aka nuna masa zanen wata mace mai idanu kamar faranti.

Ya ce, "Allahu akbar! Ko hoto ba ta yarda a ɗauka, sai dai a zana. Ka ji 'yar gidan mutunci."

Kafin la'asar ya kira Maraɗi: "Inna, an samu."

Ana nan sai ya ji mutumin da ke shirya waƙoƙin zai zo taron masu son katun a garin. Ya ce ai shi ne waliyyi. Ya sayo goro a shagon 'yan Afirka, ya lallaɓo Alhaji Sale, dattijon masallacinsu, suka sha manyan riguna. A ƙofa 'yan taro suka yi ta ɗaukar su hoto, sun zaci shigar katun suka yi.

Suka tarar da Bajapanen, wani gajere mai sanƙo da ɗan gemu. Alhaji ya gaisa, ya faɗi abin da ya kawo su. Mutumin ya buɗe kwamfuta, ya ce da ɗan Turancinsa, "Tana cikin nan."

Gogan ya taɓo Alhaji: "Ka ji ko? Har kulle ake mata."

Bajapanen ya ce, "A'a, ba mutum ba ce. Murya ce ta na'ura. Shekara goma sha biyu muna aiki, tun ina ɗakin haya har kamfanonin katun suka fara nemana. Ba ta ci, ba ta barci."

"Ba ta ci? Alhaji, a Amurkar nan!"

Bajapanen ya ga abin ya fi ƙarfin baki. Ya buga sunan Alhaji, ya danna. Sai ga muryar tana rera "Sa-le, Sa-le" tana karkarwa. Alhaji ya yi baya yana a'uziyya.

Gogan ya ce, "Tsaya. To kalmomin fa, wa ya rubuta?"

"Ni."

"Wurin nan da muryar ke rawa kamar za ta yi kuka?"

"Ni na saita shi. Sati uku na yi a kansa."

"To wa ya sa ni kuka a mota?"

Mutumin ya sunkuya cikin ladabi, sanƙon na ƙyalli. "Ni ne. Na gode."

Alhaji ya dube shi sama da ƙasa, ya dubi ƙunshin goro, ya juyo ga gogan.

"To, ga amaryar taka nan da gemunta. In miƙa goron, ko kai za ka kira Inna?"