Yadda Ake Tsare Mutunci da Faifan Gyam na Sata

Kai mai shagon gyam, inda samari ke biya su buga wasa a talabijin, bi matakan nan, ba wanda zai kira ka ɓarawo. Misbahu na Talata Mafara ya bi su, har yau ana gaishe shi a kasuwa.

1. Raina masu kamfani

Da can, kafin gyam ya buɗe, yakan tambayi wata kalma daga littafin cikin kwalinsa, mutane suka kwafe littafin. Aka ce sai faifan asali na cikin na'ura, suka kwafe faifan. Saboda haka kwafi gyam ɗin ƙwallonka hankali kwance, kamar Misbahu.

2. Tara jama'a

Shirya gasa tsakanin samarin Morai da na Dakko, ka rantse musu faifanka na asali ne. Ba a faɗa maka ba: wasu kamfanonin sun daina kulle ƙofa, tarko suke binnewa a ciki don masu faifan sata. A shagon Misbahu, a wasan ƙarshe, golan Dakko na cikin gyam ya zauna daɓas a raga, ya ƙi tashi.

3. Yi shiru

Sharhabilu, kyaftin ɗin Dakko, ya ajiye abin dannawa ya ce, "Wanga ba wasa ba ne, asiri 'yan Morai sunka yi muna." Aka fara naɗe hannun riga. In ka faɗi gaskiya sunanka ya ɓaci, in ka ƙi a fasa maka talabijin. Girgiza kai kawai, ka ce lamarin ya fi ƙarfin kanikanci.

4. Nemo malami

Ɗaga wasan zuwa wata Talata. Ɗauko Malam Buba daga Maradun ya yi wa na'urar tofi a gaban kowa. Kafin nan ka sulale Gusau, ka sayo faifan asali da ka guje wa tun farko, ka musanya a ɓoye.

5. Karɓi sakamako

Gola ya miƙe, aka yi kabbara. Misbahu ya ba da zakara sadaka, ransa na ƙuna. Yanzu masu faifan sata layi suke yi a ƙofar Malam Buba. In tofi bai ci ba, sai Malam ya ce, "Ku tai ku tambayi Misbahu, shi ya ga aikina da idonai." Shi kuma dole ya sake rantsewa.

Gargaɗi: in golanka ya zauna, ban san ka ba, ban taɓa shiga shagonka ba. Misbahu ma a kasuwa kawai muke gaisawa.